SANI MAGORI: Malamin gona da ya bi sawun mahaifinsa har Abijan da kyamara

IDAN ka ambaci Galmi a kasuwar Shinkafi ko ta Ƙaura Namoda, abu biyu ne za su faɗo wa mutane a rai: albasa da asibiti. Albasar Galmi ta yi suna daga Yamai har bakin teku, shi kuwa asibitin mishan na garin tun 1950 yake karɓar majinyata, har da waɗanda ake tsallakawa da su daga Nijeriya. Babu wanda zai ce maka fim.

Amma a watan Afrilu na 2009, a Yenagoa ta Jihar Bayelsa, wurin bikin ba da kyaututtukan finafinan Afirka na AMAA, wani fim da aka ɗauka a cikin gonakin albasar Galmi ya karɓi kyautar dokumentari. Da Hausa aka yi shi tun daga farko har ƙarshe. Babu jarumi ko jaruma a ciki, babu rawa a gindin fulawa, babu Alhaji mai gidan sama. Wanda ya yi shi ɗan garin ne, sunansa Sani Alhaji Magori. Abin mamaki, a Kano da Kaduna da Gusau, inda ake kwana ana tashi da zancen fim, 'yan industiri ƙalilan ne za su ce maka sun taɓa jin sunansa, balle a ce sun kalli aikinsa.

Daga gona zuwa kyamara

An haifi Sani Magori a 1971 a Galmi, wani gari da ke kan babbar hanyar Yamai zuwa Damagaram, tsakanin Birnin Ƙonni da Madawa, cikin Jihar Tawa. Bai taso a gidan wasan kwaikwayo ba, bai kuma yi yaron lokeshin ba kamar yadda yawancin masu ɗaukar hoto na Kano suka fara, daga riƙe waya da fitila har a yarda su taɓa kyamara. Shi karatun aikin gona ya yi. Bayan ya gama sakandare a Nijar ya tafi Aljeriya, ya dawo da shaidar injiniyan noma, ɓangaren noman ƙasashen Sahara. Ya taɓa aikin jarida na wani lokaci kafin harkar fim ta ja shi.

Ƙofar da ya shiga ta ita ce wani shiri mai suna Africadoc, wanda wani Bafaranshe, Jean-Marie Barbe, ya assasa don horar da matasan Afirka su riƙa yin fim a kan rayuwar garuruwansu. Ta nan ya samu shiga Jami'ar Gaston Berger da ke San Luwi a ƙasar Senegal, inda ya yi digiri na biyu a fannin shirya dokumentari, ya kammala a 2008. Fim ɗinsa na makaranta, 'Notre pain capital', gajere ne, bai kai rubu'in awa ba. A kan burodi ya yi shi: yadda yake fitowa daga gidan gashi, ya shiga hannun masu saye, a ba almajirai sadaka, sannan ya sake komawa kasuwa a sayar. Duk wanda ya zauna a garin da ke da almajirai ya san wannan zagayen, sai dai a nan tuwo ne ko ƙanzo maimakon burodi. Tun daga wannan ɗan aikin aka gane inda idonsa yake: abinci, kuɗi, da wanda ke wahala a tsakaninsu.

Ga mai karatun da bai saba da kalmar ba, dokumentari shi ne fim ɗin da ba a rubuta wa kowa abin da zai faɗa. Mutanen ciki su ne su, matsalar da ke damun su ta gaske ce, kuma idan abu ya wuce ya wuce, babu "a sake". Ba irin shirin gwamnati ba ne da ake nuna gwamna yana yanke kyalle wata murya tana yabo a bayan fage. Labari ne cikakke mai farko da ƙarshe, illa dai Allah ne ke rubuta shi, mai kyamara yana biye.

Auren da ya rataya a kan buhun albasa

Fim ɗin da ya fito da shi duniya shi ne 'Pour le meilleur et pour l'oignon', na 2008, mai tsawon minti 52. Sunan ma wasa ne da kalmomi. Faransawa idan za a ɗaura masu aure sukan yi alƙawarin zama tare da daɗi ba daɗi. Shi sai ya cire "ba daɗi" ya sa "albasa" a gurbinta.

Labarin kuwa kowane ɗan karkara ya san irinsa. Wata budurwa a Galmi ta shekara biyu tana jiran a ɗaura mata aure. Dangin miji sun matsa, tsegumin gari ya yi yawa. Uban yarinya, manomin albasa, ya gaji ya yanke magana: in an cire albasa za a yi biki. Shi ke nan fa. Daga ranar da ya furta haka, mutuncinsa da auren 'yarsa sun koma hannun ruwa, taki, tsutsa da dillalai.

A nan ne karatun gonar Magori ya yi masa rana. Wanda bai san albasa ba zai zo ya ɗauki kore shar na fadama, ya ɗauki mata suna tsinka, ya haɗa da kiɗan gurmi ya tafi. Shi ya san inda cutar take. Ana zuba iri bayan damina, a dasa da shigowar sanyi, a yi ta ban-ruwa wata da watanni, mai na injin ban-ruwa da taki duk bashi ne a wuyan yawancin manoma. Sai kuma kowa ya cire tasa a lokaci guda, wajen watan Maris da Afrilu, kasuwa ta cika, farashi ya faɗi warwas. Mai hali ya zuba tasa a rudu ya jira wata huɗu ko biyar har ta yi daraja, ko da wani kaso zai ruɓe. Marar hali, wanda bashi ke bi ko biki ke gabansa, dole ya sayar a ranar da ta fi arha. A lokacin da aka yi fim ɗin ana ƙiyasta albasar da Nijar ke nomawa da tan 400,000 a shekara, manyan motoci na kwasar ta zuwa Abijan, Ankara, Lome da Kwatano. Kuɗi ne masu yawa, amma uban amarya bai san ko rabonsa zai kai kuɗin gado da katifa ba.

To, ka ga an samu abin da marubutan fim ke kwana suna nema: mai kallo ya ƙagu ya ga ƙarshe. Ba a buƙaci mugun kawu ko kishiya mai zuwa gidan boka ba. Farashin buhu shi ne mugun fim ɗin.

Sai dai irin wannan aiki yana da tsada ta wata fuskar. A shekarun da kasuwar kaset da sidi ke ci a Ƙofar Wambai da Bata, furodusa kan gama ɗaukar fim cikin mako guda ko biyu, don kuɗin hayar kyamara da na masauki kullum ƙaruwa suke. Wanda zai bi albasa daga iri zuwa buhu kuwa sai ya ba ta lokacinta. Mai ɗaukar hoto zai yini a rana yana jiran maganar da ba a san yaushe za a yi ta ba. Babu janareto da fitilu, hasken da Allah ya bayar da shi za a yi aiki, kuma duk mai kyamara ya san abin da ranar tsaka ke yi wa baƙar fuska a ƙarƙashin malfa. Ga sauti, wanda shi ne ya fi kashe finafinan Hausa: iskar hunturu, ƙarar injin ban-ruwa, kukan jaki. Abin da ya fi duk waɗannan wuya shi ne mutane su manta da kyamarar. Baƙo ba zai samu haka ba ko da zai shekara. A gaban ɗan gida ne kawai magidanci zai zauna yana lissafin bashinsa, iyali su yi ƙorafinsu, ba tare da kowa ya gyara zama ba.

Kukan kurciya

Idan fim ɗin albasa ya shiga gidan maƙwabta, na biyun cikin gidansu ya shiga. 'Koukan Kourcia', wato Kukan Kurciya kamar yadda ake rubutawa a Nijeriya, ya fito a 2010, tsawonsa awa ɗaya da 'yan mintoci. Bahaushe ya ce kukan kurciya jawabi ne, mai hankali ke ganewa.

Asalin labarin yana komawa shekarun 1970. Fari ya ci ƙasar Nijar, musamman a 1973 da 1974, dabbobi suka ƙare, rumbuna suka bushe. A can kudu kuwa Kwaddibuwa na cikin arzikin koko da kofi, shugabanta Houphouët-Boigny ya buɗe ƙofa ga baƙi masu neman aiki. Samarin Adar da Gobir suka riƙa ɗaure 'yan tsummokaransu suna bin hanya. A wannan zamani akwai wata zabiya a yankin, Hussey, wadda muryarta ke tashe a dandali. Waƙoƙinta suna zuga samari su fita nema, su bar zaman gindin bango. Da yawa sun ji, sun tafi. Wasu sun dawo da rediyo da keke da kuɗin aure. Wasu kuwa Abijan ta haɗiye su.

Mahaifin Sani Magori na cikin waɗanda ba su dawo ba. Lokacin da aka yi fim ɗin ya kai kimanin shekara 15 rabonsa da gida.

Abin da ɗan ya yi shi ne abin da ya sa fim ɗin ya zama abin magana. Ya je ya samu zabiyar, ta tsufa, ya roƙe ta: tunda muryarki ce ta tura su, ki zo mu je ki kira su da ita. Tsohuwa ta yarda. Aka kama doguwar hanya daga Nijar har Abijan, da sabuwar waƙa ta kiran 'yan gida su koma gida, kyamara na biye da su, suna haɗuwa da 'yan Nijar da zama ya riƙe a can.

Baturen da ya kalli fim ɗin zai ga dabara ce mai kyau ta shirya labari. Bahaushe zai ga abin da ya wuce haka. A ƙasar Hausa ɗa ba ya tsayawa gaban ubansa ya ce "Baba, ka yi kuskure, tashi mu tafi." Ko da digiri goma gare shi, kansa a sunkuye zai yi magana, in ma ya iya yin ta. Akwai maganar da sai dai a aika aboki, ko malami, ko maroƙi. Mawaƙi shi ke da lasisin faɗa wa babba abin da yaro ba ya iyawa, kuma a yi dariya a ba shi kyauta. Mutanen Isa da Shinkafi da Badarawa ba sa buƙatar a yi masu dogon bayani a kan wannan. Ƙasar da ta fitar da Ibrahim Narambaɗa na Tubali, makaɗin Sarkin Gobir na Isa, ta san nauyin da waƙa ke ɗauka. Magori bai kauce wa kunya ba, da ita ya gina fim ɗin.

Haka kuma bai mai da mahaifin nasa abin zargi ba. Wanda duk ya san cin rani ya san ba kullum rashin tausayi ke hana mutum dawowa ba. Sau da yawa kunya ce: ka fita da alƙawarin dawowa da abin hannu, shekara ta zagayo babu, ka ce sai baɗi, har baɗin ta zama goma. Ga kuma halin da Kwaddibuwa ta shiga tun daga yaƙin 2002, inda baƙi 'yan arewa suka koma abin tuhuma. A ƙarshen shekarar da fim ɗin ya fito ma rikicin zaɓe ya sake ɓarkewa a ƙasar. Ko tsohon ya amsa kiran zabiya? Wannan kam ba za a ɓata wa mai niyyar kallo ba.

An nuna fim ɗin a FESPACO, babban bikin finafinan Afirka na Wagadugu, a 2011, ya kuma zaga bukukuwa a Turai. A 2014 Magori ya fitar da na biyunsa, 'Koukan Kourcia, les médiatrices'.

Furodusa, amma ba irin na Kano ba

Nijar ba baƙuwar fim ba ce. Ɗan ƙasar, Oumarou Ganda, shi ne mutum na farko da ya ɗauki babbar kyautar FESPACO a 1972 da fim ɗinsa 'Le Wazzou polygame'. Moustapha Alassane, wanda ya yi zamansa a Tawa ya kuma rasu a 2015, yana cikin waɗanda suka fara fim ɗin zane mai motsi a Afirka. Amma bayan rasuwar Ganda a 1981 harkar ta yi ta ja da baya, gidajen silima suka riƙa rufewa. Giɓin da aka bari finafinan Kano ne suka cike shi, har mutanen Maraɗi da Damagaram suka raɗa masu suna "dandalin soyayya". Magori da tsararsa, irin su Malam Saguirou na Damagaram, su ne suka sake tayar da aikin a shekarun 2000, kuma ta hanyar dokumentari suka biyo.

Da ya samu ƙafa sai ya kafa kamfaninsa, Maggia Images, da sunan kwarin da Galmi ke cikinsa, wanda ruwansa ke gangarowa har tafkin Kalmalo kusa da Illela a Jihar Sakkwato. A nan ya zama furodusa. Sai dai kalmar tana da wata ma'ana a wurinsu. A Kano furodusa shi ne mai kuɗi, ko wanda ɗan kasuwa ya ba kuɗi, ya kira darakta da 'yan wasa a tafi lokeshin. A tsarin su Magori furodusa mai neman kuɗi ne da takarda. Zai zauna da mai fim su rubuta abin da ake son yi shafi-shafi, a kai wurin taron masu zuba jari, a nemi abokin haɗin gwiwa a Faransa ko wata ƙasa, a nemi gidan talbijin da zai saya, a nemi tallafin wata gidauniya. Fim ɗaya kan ci shekara biyu ko uku kafin a kunna kyamara.

Babban abin da wannan haƙuri ya haifar shi ne 'L'arbre sans fruit', wato bishiya marar 'ya'ya, na Aïcha Macky, 'yar Damagaram, wanda Maggia Images ya shirya tare da wani kamfanin Faransa, Les films du balibari, a 2016. Aïcha ta juya kyamara kan kanta ne: matar aure da ba ta samu haihuwa ba, wadda kuma mahaifiyarta ta rasu wurin haihuwa. Ta zauna da mata irinta suka faɗi abin da suke gani daga miji, uwar miji da kishiya. Finafinan Hausa nawa aka yi a kan juya? Ba su ƙirguwa. Amma a cikinsu 'yar wasa ce ke kuka, in an ce "kat" ta share hawaye ta karɓi kuɗinta. Wannan fim shi ma ya ɗauki kyautar dokumentari ta AMAA a 2016 a Fatakwal. Ke nan sau biyu sunan Magori na hawa wannan dandamali a cikin Nijeriya, sau ɗaya a matsayin darakta, sau ɗaya furodusa. Aïcha ta ci gaba da cin gashin kanta, ta yi 'Zinder' a 2021 a kan matasan unguwar Kara-Kara. Shi kuma daga baya gwamnatin Nijar ta ba shi riƙon cibiyar kula da harkar fim ta ƙasa, CNCN.

Gaskiyar magana, tsarin nasu yana da nasa aibin, kuma ba ƙarami ba ne. Wanda ya biya kuɗin kiɗa shi ake juya wa ganga. Fim ɗin da aka yi da kuɗin Turai, a Turai ake fara kallonsa, sunansa da Faransanci, fassarar ƙasan allo da Faransanci. Ɗan Kano, duk da abin da ake faɗa a kan kwaikwayon Indiya, ya san hanyar da zai kai hajarsa har ɗakin matar aure a Zurmi. A da ta kaset da sidi, yanzu da waccan kasuwa ta mutu, ta YouTube da tashoshi irin su Arewa24 da 'yan tura fim a waya. Su Magori suna da kofuna, 'yan Kano suna da jama'a.

A arewacin Zamfara kuwa, inda labaran irin nasa suke jibge, kusan duk lokacin da kyamara ta shigo a 'yan shekarun nan jini ta biyo. Dokumentarin da aka fi sani daga jihar shi ne wanda Yusuf Anka ya yi wa BBC a 2022 a kan 'yan bindiga, wanda ya jawo hukumar NBC ta ci tarar wasu kafafen da suka nuna shi naira miliyan 5 kowace, ta kuma ci Trust TV irin wannan tara a kan nata shirin. Aiki ne na kasada, kuma ya kamata a yi shi. Amma tashar jirgin ƙasan Ƙaura, wadda dogo ya iso tun 1929, tana nan ba a ba da labarinta ba. Haka abin da rufe kasuwannin mako da katse layukan waya a 2021 ya yi wa ɗan tireda da mai shirin aurar da 'ya. Haka iyalan da suka tsallaka Jihar Maraɗi gudun hijira tun 2019, waɗanda 'ya'yansu ke tasowa ba su san garin iyayensu ba. Ɗalibin Foliteknik ta Ƙaura da ke yawo da waya mai kyamara a aljihu ya fi kowane baƙo damar shiga waɗannan gidaje, kamar yadda Magori ya shiga na Galmi.

Su kuma masu tashoshin talbijin na Hausa da ke kukan ƙarancin shirye-shirye, ga finafinai nan a ajiye waɗanda ba su buƙatar fassara ko ɗora murya, illa a nemi izinin masu su. Hausar da ake yi a cikin fim ɗin albasa da Kukan Kurciya irin ta yamma ce. Bakano zai ɗan kasa kunne kafin ya kama wasu kalmomin, amma mutumin Badarawa ko Shinkafi zai ji ta kamar a ƙofar gidansu ake hirar.